Kati Outinen: amsoshin tambayoyin da ba sa ƙarewa

Duk inda aka ambaci sunan matar nan a cikin masu son fim, tambayoyin da ke biyo baya ba sa canjawa. Ga amsoshinsu a wuri guda. Don Allah wanda zai sake tambaya ya fara karanta wannan tukuna.

Wace ce ita?

'Yar wasan fim ce, da talabijin da dandamali, daga ƙasar Finland. Cikakken sunanta Anna Katriina Outinen. An haife ta a Helsinki ranar 17 ga Agusta, 1961. Duniya ta san ta ne ta finafinan darakta Aki Kaurismäki.

Matarsa ce?

A'a. Yana da matarsa daban. Sun fara aiki tare a 1986, kuma har a fim ɗinsa na 2017 ta fito. Shekara talatin da ɗoriya ana aiki tare, sana'a ce ta haɗa su. A daina ɗaura wa mutane auren da ba su yi ba.

Me ya sa fuskarta ba ta motsi? Ko dai ba ta iya wasan ba ne?

Wannan tambayar ita ce ta fi ci mini rai, domin mai yin ta yawanci minti biyar ya kalla yana danna waya. Ku ɗauki Tulitikkutehtaan tyttö na 1990, wato Yarinyar Masana'antar Ashana. Tsawonsa bai kai minti 70 ba. Yana buɗewa da injina suna sarrafa gungumen itace har ya zama tsinken ashana, babu mai cewa uffan, sannan a nuno Iris, wadda Outinen ke fitowa a matsayinta, tana duba fakiti a kan layin inji. Ta koma gida ta dafa wa uwarta da mijin uwar abinci, su suna kallon labarai. Albashinta ma su take miƙa wa. Da dare ta je gidan rawa ta zauna a benci, ana ta zuwa ana ɗaukar matan da ke gefenta ɗaya bayan ɗaya, ita ba wanda ya miƙo mata hannu. A wannan fitowar ku dubi idonta, ku dubi yadda take riƙe kwalbar lemon. Mace ce da ke ƙoƙarin kada a gane ta ji ciwo, kuma ana ganin ƙoƙarin. Wanda bai iya wasa ba, ko dai ya ɓarke da kuka ko ya tsaya kamar gunki. Abin da ke tsakanin biyun nan shi ne mai wuya, shi ne kuma aikinta. Ta samu kyautar Jussi, babbar kyautar fim ta Finland, a kan wannan rawar.

Akwai kuma abin da baƙo ba zai ji ba. Mutanen finafinan Kaurismäki suna magana ne da harshen Finland na littafi, wanda ba haka ake magana a titin Helsinki ba. Mai kwashe shara ya buɗe baki ya yi jimla cikakkiya kamar yana karanta jarida. Da gangan ne. Rubutun fassara ba ya iya ɗauko wannan.

Wace kyauta ta ci a waje?

Gwarzuwar jaruma a bikin finafinai na Cannes, a Faransa, 2002, da fim ɗin Mies vailla menneisyyttä, wato Mutumin da Ba Shi da Tarihi. Fim ɗin kansa ya ɗauki babbar kyauta ta biyu a bikin, kuma ya shiga jerin 'yan takarar Oscar na finafinan harshen waje. A gida ta ci Jussi ta gwarzuwar jaruma a kan wannan, da kan fim ɗin ashana, da kan Kauas pilvet karkaavat na 1996.

A ina ta koyi aikin?

Ta fara fitowa a fim tun kafin ta cika shekara 20, a Täältä tullaan, elämä! na Tapio Suominen, 1980. Ta yi karatu a Makarantar Koyon Wasan Kwaikwayo ta Helsinki a farkon shekarun 1980, zamanin Jouko Turkka, malamin da ya yi suna wajen wahalar da jikin ɗalibai da tsananin horo. Daga nan ta yi kusan shekara goma a gidan wasan KOM da ke Helsinki. Ta koma makarantar tata a matsayin farfesar wasa daga 2002 zuwa 2013. A talabijin kuma har rubutu ta yi wa Salatut elämät, wasa mai dogon zango da tashar MTV3 ta fara nunawa a 1999. Saboda haka masu cewa Kaurismäki ne ya tsinto ta ya ƙera ta su gyara maganarsu. Da horonta ta zo.

Ni ɗan wasa ne. Ta yaya zan koyi irin wannan wasan na nutsuwa ba tare da na zama kamar itace a gaban kyamara ba?

To, wannan tambaya ce ta gaske, kuma amsarta ba guda ɗaya ba ce. Zan faɗi abin da ke yawan yin aiki, amma ka sani ya danganta da daraktanka, da irin fim ɗin, da ita kanta fuskarka.

Fara da kallo na aiki. Zaɓi fitowa ɗaya tata da ba ta wuce minti biyu ba, ka kashe sauti, ka kalle ta sau uku. Karo na farko ido kawai za ka bi: ina ta duba, daƙiƙa nawa ta tsaya a wurin, yaushe ta ƙifta. Na biyu hannu. Na uku kafaɗa da numfashi. Za ka tarar kusan kullum akwai abin da hannunta ke yi: share teburi, zuba miya, ƙirga kuɗi, kunna taba. A Kauas pilvet karkaavat na 1996, wato Gizagizai Suna Gudu Nesa, akwai inda Ilona, matar da take fitowa a matsayinta, ta tsaya kusa da hoton wani yaro a kan kanta. Ba wanda ya ce ɗanta ne ya rasu, ba ta yi kuka ba, ta tsaya ne kawai, kuma tsayuwar ta isa. Hoton na Matti Pellonpää ne yana yaro, abokin wasanta da aka shirya fim ɗin dominsa, ya rasu a Yulin 1995 kafin a fara ɗauka.

Sai gwaji. Kafa wayarka a kan wani abu daidai tsayin idonka, kamar taku biyu daga inda kake, yadda za ta ɗauko daga ƙirji zuwa kai. Sa wani ya tsaya gefen wayar ya faɗa maka mummunan labari a jimla ɗaya, misali an sallame ka daga aiki. Kai kuma kana tsakar wani aiki na gaske, ninke riga ko zuba shayi. Ka'ida uku: kada ka ɗaga gira, kada ka girgiza kai, kada ka amsa sai bayan daƙiƙa uku. A cikin daƙiƙa ukun nan dole ka yi tunani takamaimai, da kalmomi, a zuciyarka: kuɗin haya, wa zan fara gaya wa, nawa ya rage a aljihu. Yi ɗauka biyar. A ɗaya daga ciki kada ka yi tunanin komai. Idan ka zo kallo za ka gane ta nan take, idon ya mutu. Nan ne mafi yawan masu kwaikwayon wannan salon ke faɗuwa: sun cire motsi, ba su zuba komai a gurbinsa ba.

Kuskure na biyu shi ne riƙe numfashi. Mutum yana son ya tsaya cak sai ya ƙame ƙirji, wuya ya yi tauri, murya ta fito a shaƙe. Ka saki numfashi ya tafi yadda ya saba, kafaɗa a ƙasa. Na uku, haɗa fuskar tausayi. Matan da take fitowa a matsayinsu ba sa neman a tausaya musu, mutuncinsu suke karewa, shi ya sa mai kallo yake tausaya musu da kansa. Da zarar ka karkatar da kai kana roƙon mai kallo, abin ya lalace. Na huɗu, magana: faɗi jimlar a sarari, kowace kalma ta fita, ba ja ba rangwaɗa, kuma kada ka haɗiye ƙarshenta.

Amma ga inda dole in ja maka birki. Wannan salon ba na ɗan wasa shi kaɗai ba ne. Yana aiki a wurinta ne saboda komai na fim ɗin an gina shi a kan haka: kyamarar mai ɗaukar hoto Timo Salminen ba ta yawan motsi, haske yana kan fuska, bangon ɗaki launi ɗaya ne mai ƙarfi, edita yana barin hoto ya daɗe, sauran 'yan wasa ma duk haka suke, sannan waƙa, sau da yawa tango irin na Finland, ita ke faɗin abin da bakin ya ƙi faɗa. Idan kai kaɗai ka yi shiru a fim ɗin da kowa ke ɗaga murya, kyamara na nesa, edita na yanka duk bayan daƙiƙa biyu, mai yiwuwa a ɗauka ka manta maganarka ne. A kan dandamali ma lissafin daban ne, domin wanda ke layi na ashirin ba ya ganin ƙwayar idonka. Don haka kafin a kunna kyamara ka tambayi darakta: wannan ɗaukar ta kusa ce ko ta nesa? Za a bar shirun ko za a yanke shi? Idan ta kusa ce kuma zai bari, gwada. Idan ba haka ba, wataƙila abin da za ka iya ɗauka kaɗan ne, kamar jinkirin nan kafin amsa da ba hannu aikin yi. Ko wannan kaɗan ɗin yakan canja fitowa. Kuma akwai fuskokin da nutsuwa ba ta karɓe su ba, ƙarfinsu a motsi yake. Ba aibi ba ne. Wayarka za ta gaya maka gaskiya bayan mako biyu ko uku na gwaji.

Da wane fim zan fara?

Da na 2002. A turance ana samunsa da sunan The Man Without a Past. An yi wa wani mutum duka a Helsinki ya manta ko sunansa, ya koma zama a kwantena a bakin tashar jiragen ruwa, ita kuma ta fito a matsayin Irma, ma'aikaciyar ƙungiyar agajin Kirista ta Salvation Army ce mai raba miya. Akwai taushi a cikinsa, zai saba maka da tafiyar. Bayansa Drifting Clouds na 1996, wato Gizagizai Suna Gudu Nesa, labarin mata da miji, ita shugabar masu hidima a gidan abincin Dubrovnik, shi direban jirgin ƙasa na cikin gari, duka suka rasa aiki lokacin da tattalin arzikin Finland ya durƙushe a farkon shekarun 1990. Har talabijin ɗin da suka saya bashi aka zo aka ɗauke. A ganina nan ta fi yin fice, ko da yake Cannes ɗayan ta zaɓa. Sai Shadows in Paradise na 1986, inda take mai karɓar kuɗi a kanti. The Match Factory Girl, wato fim ɗin ashana, a bar shi a ƙarshe, yana da nauyi. Juha na 1999 baƙi da fari ne kuma babu magana sam, sai rubutu a allo. Kada a fara da shi.

Ba na jin harshen Finland, ba na jin Turanci sosai. Zan gane?

Za ka gane. Kwantar da hankalinka. Maganar da ke cikin finafinan nan kaɗan ce ƙwarai, jimlolin gajeru ne, yawancin labarin a ido yake.

Rubutun fassarar yana wuce maganar. Me ya faru?

Kala biyu ne. Idan tazarar ba ta canjawa daga farko zuwa ƙarshe, a manhajar kallon bidiyo ta VLC a kwamfuta danna G ko H har su daidaita. Idan kuwa tazarar ƙaruwa take yi, to rubutun an yi shi ne don kwafin Turai mai hoto 25 a daƙiƙa, bidiyonka kuma mai 23.976 ne. Bambancin yakan kai daƙiƙa biyu da rabi a kowane minti. G da H ba za su gyara wannan ba. Nemi rubutun da ya dace da kwafinka.

Za a iya kallo da yara?

Ana shan taba kusan a kowace fitowa, ana shan giya da yawa. Fim ɗin ashana akwai cikin shege da kisa da maganin ɓera, ba na yara ba ne. Le Havre na 2011 ya fi sauƙi: da Faransanci aka yi shi, tana matar wani dattijo shushaina da ya ɓoye yaro ɗan Gabon mai neman tsallakawa Landan, ita kuma tana kwance asibiti tana ɓoye wa mijin tsananin ciwonta. Duk da haka babba ya fara kalla shi kaɗai.

Ita ce a fim ɗin Kaurismäki na 2023?

A'a. Alma Pöysti ce.