Tambayoyi kan littattafan tarihin fasisanci, gurguzu da yaƙin cacar baka

Ni me ya haɗa ni da tarihin Hitila da Stalin, ba rigimar Turawa ba ce?

Ai da mu aka yi. Kakanninmu da aka ɗiba soja a yaƙin Hitila wasu Boma aka kai su suka yaƙi Japan a cikin dazuka, wasu kuma a 1941 suna cikin rundunar da ta taso daga Kenya ta bi ta Mogadishu har cikin Habasha tana korar sojojin Mussolini. Da yaƙin basasa ya ɓarke a Najeriya a 1967 Tarayyar Soviet ce ta sayar wa gwamnatin Gowon jiragen yaƙi ƙirar MiG, kuma kamfanin ƙarafa na Ajaokuta da har yau ake ta cece-kuce a kansa su ne suka soma gina shi. Hatta rediyon da iyayenmu ke kunnawa da asuba, BBC ta buɗe sashen Hausa a 1957, Moscow da Beijing ma suna da nasu, Muryar Amurka ta biyo baya a 1979, duk kunnen Bahaushe suke nema don kowa na so a ji duniya daga bakinsa.

Toh shi fasisancin nan mene ne, duk mai mulkin kama-karya fasis ne?

A'a, kuma nan ne mutane da yawa ke cakuɗa abubuwa. Sojan da ya yi juyin mulki ya ce kowa ya shiga gida ya yi shiru daban yake. Shi fasis so yake jama'a su fito titi da tuta da kaki, a cusa musu cewa ƙasarsu ta wulaƙanta kuma ga waɗanda suka jawo, sai a nuna Yahudawa ko 'yan gurguzu ko baƙi, daga nan duka da kisa su zama halal a idon magoya baya. A Italiya yaran Mussolini masu baƙaƙen riguna sukan kama shugaban ƙungiyar ƙwadago ko ɗan jarida su ɗura masa man zurma a baki da ƙarfin tsiya, gudawa ta kama shi a gaban mutanen garinsu, 'yan sanda na tsaye suna kallo.

Littafin da na fi yarda da shi a nan shi ne The Anatomy of Fascism na Robert Paxton, ya fito a 2004. Shi cewa ya yi a bar jawaban da suke yi a duba abin da suka aikata da kuma waɗanda suka riƙe musu tsani. Sarkin Italiya da kansa ne ya kira Mussolini ya ba shi firaminista a 1922, Hitila ma shugaban ƙasa Hindenburg ne ya naɗa shi a watan Janairun 1933, manyan masu kuɗi da 'yan mazan jiya suna ganin za su yi amfani da shi su gama da 'yan gurguzu sannan su ja masa linzami. Wannan babin ya kamata duk mai bin siyasa ya karanta shi a tsanake wallahi.

Gurguzu fa, ba talaka yake karewa ba? Me ya sa littattafai suke haɗa shi da fasisanci?

Wannan tambayar tana da nauyi don a Zariya da Kano akwai malamai na gari da suka sha karatun Marx saboda kishin talaka tsakani da Allah, kuma gaskiya ne Soviet ta taimaki masu fafutukar 'yanci a Angola da Mozambik da Afirka ta Kudu lokacin da ƙasashen Yamma ke kasuwanci da gwamnatin wariyar launin fata, sannan ita ce ta yi asarar mutum wajen miliyan 27 kafin a ga bayan Hitila. Amma fa wannan ba zai shafe ɗaya ɓangaren ba. Stalin, shugaban Soviet, ya ƙwace gonaki da hatsin manoma, yunwar 1932 zuwa 1933 ta kashe miliyoyi a Yukren da Kazakistan, ga sansanonin gwale-gwale na Gulag, ga yunwar da tsarin Mao ya jawo a Sin daga 1958 wadda ta ci mutum miliyoyin gommai. Manufar da suka furta ta sha bamban da ta 'yan Nazi na Hitila, wannan haka ne, sai dai jam'iyya ɗaya da 'yan sandan ciki da bautar shugaba duk sun yi tarayya a kai.

Eric Hobsbawm ya ɗauko tarihin daga 1914 zuwa 1991 a The Age of Extremes, kuma ban ga wanda ya kai shi iya haɗa tattalin arziki da siyasa a labari guda ba, amma ka sani ɗan jam'iyyar kwaminis ne kusan duk rayuwarsa, in ya zo kan ta'asar Stalin sai ka ga alƙalaminsa ya yi sanyi. Ka haɗa shi da Gulag na Anne Applebaum, ita kuma a can ne ta tsaya ta ƙi gaba.

In littafi ɗaya kawai zan iya saya kan gasar Amurka da Soviet, wanne?

The Global Cold War na Odd Arne Westad, na 2005. Yawancin littattafai Balin da Washinton da Moscow suke sa wa ido, shi kuma ya nuna cewa jinin da aka zubar a Afirka da Asiya da Latin Amurka aka zubar da shi, kuma ya yi aiki da takardun Soviet da aka buɗe bayan rugujewarta a 1991. Kwango tana ciki da kisan Lumumba, firaministanta na farko, a 1961, Angola tana ciki inda sojan Kyuba suka sauka a 1975 (rikicin da Murtala ya tsaya a kansa a taron Addis Ababa a Janairun 1976 ya ƙi bin ra'ayin Amurka), ga kuma yaƙin Ogaden na 1977 wanda a tsakiyarsa Soviet ta juya wa Somaliya baya ta koma bayan Mengistu na Habasha, daga baya Siad Barre ya karkata wajen Amurka. Abin da ya fi burge ni shi ne bai mayar da shugabanninmu yara ba, ya nuna yadda su ma suka riƙa juya manyan ƙasashen don samun makamai su murƙushe abokan hamayya na cikin gida.

Da gaske an kusa harba nukiliya ko zuzutawa ce?

Ba zuzutawa ba ce. Ranar 27 ga Oktoban 1962, ana tsakiyar rikicin makaman da Soviet ta girke a Kyuba, jiragen ruwan Amurka sun kewaye wani jirgin ƙarƙashin teku na Soviet suna sakar masa ƙananan bama-bamai don ya taso sama, ba su san yana ɗauke da makamin nukiliya ba. A ciki zafi ya yi tsanani, iska ta ɓaci, an kwana biyu ba labari daga Moscow, kyaftin ɗin ya ɗauka yaƙi ya riga ya ɓarke. Kamar yadda waɗanda ke cikin jirgin suka ba da labari daga baya, wani hafsa mai suna Vasili Arkhipov ne ya ƙi amincewa a harba. Washegari shugaban Soviet Khrushchev ya sanar da janye makaman, shugaban Amurka Kennedy kuma ya yarda a asirce zai kwashe nasa daga Turkiyya.

Akwai littafin da ya taɓo ƙasar Hausa kai tsaye?

Akwai, kuma abin takaici ba a san shi sosai a wajenmu ba. Klaas van Walraven ya rubuta The Yearning for Relief a 2013 kan jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary a Nijar, kusan shafi dubu. Bakary ne ya ce a kaɗa ƙuri'ar a'a a raba-gardamar da jagoran Faransa de Gaulle ya kira a 1958 kan ci gaba da zama ƙarƙashin inuwar Faransa, Faransa ta yi masa taron dangi, aka haramta jam'iyyar a 1959, sai matasanta suka bazu neman horon soja a Sin da Aljeriya da Biyetnam ta Arewa, suna da mafaka a Gana wajen Nkrumah da kuma 'yan uwansu na NEPU a Kano. A 1964 suka tsallako iyaka da bindigogi aka murƙushe su, a watan Afrilun 1965 kuma aka jefa wa shugaban ƙasa Diori Hamani gurneti a filin sallar layya a Yamai ya tsira. Marubucin ya bi gari-gari ya zauna da tsofaffin 'yan Sawaba da suka rage, direbobi da teloli da ƙananan ma'aikata, ya ɗauki labarin daga bakinsu. Yana da tsada gaskiya, sai dai a gwada ɗakin karatun jami'a ko a yi karo-karo a saya.