Haifoksiya: Ƙarancin Oksijin da Ke Shigowa Ba Sallama

Idan ma'aikacin lafiya ya maƙala wa majiyyaci 'yar na'ura a yatsa, ya dubi lambar da ta fito, nan take ya ce a kawo oksijin, sai ka ga 'yan uwa sun tsaya suna kallon juna. Ai mutumin nan yana numfashi, har magana yake yi, to gaggawar ta mece ce? Abin da ma'aikacin ya gani shi ake kira haifoksiya, a katin asibiti kuwa za ku gan ta a rubuce hypoxia. Daga Girkanci aka ƙera kalmar: gaɓar farko na nufin abin da ya gaza yadda ya kamata, ta biyun kuma daga sunan oksijin aka gutsuro ta. Ma'anarta ita ce sassan jiki ba sa samun oksijin gwargwadon buƙatarsu.

A fara da sanin cewa haifoksiya ba sunan wata cuta ɗaya ba ce. Hali ne da cututtuka da haɗurra iri-iri kan jefa jiki a ciki. Don haka in likita ya ce maka mara lafiyarka na da haifoksiya, rabin labarin ka ji. Sauran rabin shi ne abin da ya jawo ta, kuma haƙƙinka ne ka tambaya.

Akwai kalmomi biyu da ke tafiya tare da ita, har mu ma'aikata mukan cakuɗa su in muna sauri. Haifoksimiya ita ce raguwar oksijin a cikin jini kansa, wato abin da na'urar yatsa ke nunawa. Anoksiya kuwa ita ce yankewar oksijin ɗungurungum, kamar lokacin da zuciya ta tsaya ko mutum ya nutse a ruwa. Bambancin ya wuce gardamar malamai, domin yana yiwuwa na'ura ta nuna lamba mai kyau alhali ƙwaƙwalwa da ƙoda suna can suna shan wuya.

Domin a gane yadda hakan ke faruwa, sai a bi oksijin a tafiyarta. Iskar da muke shaƙa kashi 21 cikin ɗari ne kawai nata oksijin, kusan kashi 78 naitirojin ce. Idan ta shiga huhu, oksijin ɗin ta ratsa zuwa jini, sai wani sinadari da ke cikin jajayen ƙwayoyin jini, mai suna himogulobin, ya ɗauke ta. Zuciya ta tura jinin, ya kai wa kowace gaɓa rabonta, ƙwayoyin jiki su karɓa su yi aiki da ita. Tamkar kai kaya ne daga ma'ajiya zuwa hannun mai buƙata: ko kayan su yi ƙaranci tun daga tushe, ko motocin ɗauka su yi kaɗan, ko hanya ta toshe, ko kuma a kai har ƙofa mai karɓa ya kasa karɓa. A kan waɗannan wurare huɗu masana suka kasa haifoksiya gida huɗu.

Wadda aka fi gani ita ce ta huhu. Ciwon huhu na nimoniya, asma idan ta tashi, tarin fuka da ya ci huhu, ruwa da ya taru a huhu saboda raunin zuciya, ko wani abu da ya maƙale wa yaro a maƙogwaro, duk suna hana oksijin isa ga jini. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce nimoniya ta kashe yara 'yan ƙasa da shekara 5 sama da 740,000 a shekarar 2019, kuma ƙarancin oksijin na cikin manyan abubuwan da ke ƙarasa irin waɗannan yara. Hawan tudu ma na cikin wannan gida. Daga tsayin mita 2,500 wasu kan fara ciwon kai da tashin zuciya, a ƙololuwar dutsen Everest kuwa, mai tsayin mita 8,849, oksijin da mutum ke samu a numfashi guda bai wuce kusan kashi ɗaya bisa uku na abin da yake samu a bakin teku ba.

Ta biyu ita ce ta jini. Huhu lafiya lau, iska a wadace, amma masu ɗaukar kayan sun yi kaɗan. Matar da ta zubar da jini da yawa wajen haihuwa, yaron da zazzaɓin cizon sauro ya shanye wa jini, mai ciwon sikila, duk suna iya faɗawa nan. A wannan gida ne kuma gubar kabon monoksaid take, wadda zan dawo kanta. Ta uku ita ce ta gudun jini, inda zuciya ta gaza ko jijiya ta toshe, kamar a bugun zuciya da shanyewar ɓarin jiki. Ta huɗu ba a cika gamuwa da ita ba: guba irin su sayanaid kan hana ƙwayoyin jiki amfani da oksijin ɗin da ta riga ta iso gare su.

Yanzu ga abin da na fi so kowa ya riƙe. Jikin ɗan Adam ba shi da ƙararrawa mai ƙarfi ta ƙarancin oksijin. Wannan ƙuncin da kake ji idan ka riƙe numfashi, taruwar iskar kabon dayoksaid, wadda jiki ke fitarwa da numfashi, ita ce ke haddasa mafi yawansa. Matuƙar mutum na iya fitar da ita, oksijin ɗinsa kan iya yin ƙasa sosai bai ji wata sarƙewa ta a zo a gani ba. Duniya ta ga wannan da idonta a 2020, lokacin annobar korona, inda majiyyata ke zuwa asibiti da ƙafarsu suna hira, a auna su a tarar lambar ta faɗi inda ake tsammanin ganin mutum a sheme.

Abin da ya ƙara ɓata lamarin shi ne gaɓar da ya kamata ta gane haɗarin ita ke fara rikicewa. Ƙwaƙwalwa kusan kashi 2 cikin ɗari ce ta nauyin jiki, amma tana cinye wajen kashi 20 na oksijin ɗinsa, ba ta kuma da wani tanadi. Da ta fara rasawa sai tunani ya dagule, hannu ya daina bin umarni, wani ma ya ji daɗi da sakewa kamar mai maye. A ranar 14 ga Agusta 2005, jirgin saman kamfanin Helios da ya tashi daga Sayifurus ya faɗi a ƙasar Girka, mutum 121 suka rasu, bincike kuma ya nuna ba a matse iskar cikin jirgin ba, oksijin ta yi musu ƙaranci, matuƙan suka fita hayyacinsu kafin su gano matsalar. Shi ya sa ma'aikatan jirgi ke cewa ka fara sa wa kanka abin shaƙar oksijin kafin ka sa wa ɗanka. Idan kuwa oksijin ta yanke baki ɗaya, cikin minti 4 zuwa 6 ƙwayoyin ƙwaƙwalwa sun fara mutuwa, waɗanda suka mutu kuma ba sa dawowa.

Haka abin yake a tsohuwar rijiya, da ramin bahaya, da tankin da ya daɗe a rufe. Mutum ya shiga ya yanke jiki ya faɗi, na waje ya bi shi don ceto, shi ma ya faɗi. Tausayi ne ya kai na biyun, amma iskar ramin ba ta san tausayi ba. Kada kowa ya shiga bayan wanda ya suma a irin wannan wuri sai da kayan numfashi da igiya da mutane a sama.

To, tunda shi mai abin ba lallai ya ji ba, na kusa da shi ne za su lura. A babba, a kula da numfashi da sauri, bugun zuciya da sauri, rashin natsuwa, magana ba kan gado, ko barcin da ba a saba gani ba. Dattijon da ke tari kwana biyu, yau kuma ya fara kiran 'ya'yansa da sunan wasu, kada a ce tsufa ne kawai. A yaro kuwa a ɗaga rigarsa a ƙirga numfashinsa na minti ɗaya cur yana cikin natsuwa. Jaririn da bai kai wata 2 ba, 60 ko fiye ya yi yawa. Daga wata 2 zuwa 11, 50 ko fiye. Daga shekara 1 zuwa 5, 40 ko fiye. In ƙasan ƙirjinsa na lotsawa ciki duk lokacin da ya ja numfashi, ko hancinsa na buɗewa, ko yana gurnani, ko ya kasa kama nono, to asibiti za a nufa a lokacin, ko da tsakar dare ne. Littattafai kan ambaci jiki ya koma shuɗi, sai dai wannan alama a makare take zuwa, a baƙar fata ma ba a ganinta sosai. A duba harshe da dasashi da cikin leɓe. Mai ƙarancin jini sosai kuma yana iya kaiwa gargara bai yi shuɗin ba ko kaɗan.

Na'urar yatsan nan, oksimita, wani injiniya ɗan Japan mai suna Takuo Aoyagi ne ya gano dabararta a farkon shekarun 1970, kuma a ganina babu wani ɗakin shan magani da ya dace a ce ba shi da ita. Mai lafiya kan nuna kashi 95 zuwa 100 cikin ɗari. Ƙasa da 90 hali ne na gaggawa da ke buƙatar oksijin. Amma na'urar na da makantarta. Yatsa mai sanyi, jan farce, da motsi suna ruɗa ta. Wani bincike na Jami'ar Michigan da aka wallafa a Disamba 2020 ya nuna takan ba baƙaƙen fata lamba sama da ta gaskiya, har ta ɓoye ƙarancin oksijin a jikinsu kusan ninki uku fiye da yadda take yi ga fararen fata. Ke nan in lamba ta ce 93 amma mutum na haki yana surutai, jikinsa za a gaskata.

Inda na'urar ke yin ƙarya ƙarara shi ne a gubar kabon monoksaid. Wannan iska ba ta da launi, ba ta da wari, tana fitowa daga janareta, da gawayin da ke ci a rufaffen ɗaki, da injin mota a gareji. Tana manne wa himogulobin fiye da oksijin sau 200 ko sama da haka, oksimita ta yau da kullum kuma ba ta iya bambance su, sai ta nuna 98 ga wanda gubar ke kashewa. Idan mutane da yawa a gida ɗaya suka tashi da ciwon kai da jiri da amai lokaci guda, a fitar da kowa sarari, a kashe abin da ke ci, a tafi asibiti, a kuma faɗa wa likita cewa akwai hayaƙi a wurin. Janareta wurinsa waje ne, nesa da taga da ƙofa.

Za ku kuma ji kalmar haifoksiya a ɗakin haihuwa, idan jariri ya rasa oksijin yayin doguwar naƙuda ko ya fito bai yi kuka ba. Minti na farko bayan haihuwa shi ne ma'aikata ke fafutukar ganin ya fara numfashi a cikinsa, domin abin da ya faru a nan kan iya bin yaro har girmansa. Masana muhalli ma suna amfani da kalmar ga ruwan da oksijin ɗinsa ta yi ƙasa da miligiram 2 a lita, inda kifi ke mutuwa ko ya gudu, kamar yadda ake gani duk shekara a wani yanki na Tekun Meziko.

Sauran magana ɗaya, game da tsoron oksijin. Akwai masu ganin in aka sa wa mutum robar hanci to tasa ta ƙare, har wasu su ƙi yarda a sa wa nasu. Abin da ya haifar da wannan zato shi ne jinkiri: ana kawo majiyyata ne bayan haifoksiya ta gama ɓarna, sai a ɗora laifin a kan abin da aka sa musu na ƙarshe. Oksijin magani ce, tana da ƙa'idar awo kamar kowane magani. Masu daɗaɗɗen ciwon toshewar huhu sau da yawa tsakanin 88 da 92 ake so lambarsu ta tsaya, bakwaini kuma yawanta na iya lalata masa ido. Saboda haka mai jinya kada ya murɗa makunnin da kansa, ko ƙari ko ragi, kada ya cire robar don majiyyaci ya ce ya ji sauƙi, kuma kada a kunna taba ko ashana kusa da tukunyar oksijin.