Kaza a fagen harbi: amsoshin tambayoyin da na gaji da maimaitawa

Shekara da shekaru ina zaune da 'yan gem a shago, kuma da wuya mako ya wuce wani bai ɗago kai daga allo ya ce mini, "Oga, wallahi kaza na gani a cikin gem ɗin nan" ba. Wani kuma hoton tsuntsaye zai turo mini da tsakar dare yana tambaya ko kutse aka yi masa. Na amsa a shago, na amsa a waya, har bakina ya gaji. To ga amsoshin a rubuce. Duk wanda ya sake tambaya, nan zan turo shi.

Na ga kaza tana yawo a Counter-Strike. Gem ɗina ne ya lalace?

Bai lalace ba, kuma ba wanda ya yi maka kutse. Kajin nan sun girmi wasunku. Suna taswirar Italy tun tsohon Counter-Strike, da na bayansa mai suna CS:GO ya fito a 2012 suka bazu har taswirar Inferno, kuma da aka koma Counter-Strike 2 a Satumban 2023 ba a bar su a baya ba.

Wani ɗan wasa ne yake sarrafa ta?

A'a. Manhaja ce. Tana tsince-tsincenta, ta ji motsi ko harbi ta ruga. Idan ka matsa kusa ka danna maɓallin E za ta riƙa bin ka.

Idan na kashe ta ina samun wani abu?

A wasan gasa ba kuɗi, ba maki. Abin da kake samu shi ne ka sanar da abokan gaba inda kake. Da idona na ga wani yaro a shagona ya yi sanɗa kusan rabin minti a Inferno, bai yi ko tari ba, ya zagayo ta bayan mutum biyu da ba su san da shi ba. Saura taku kaɗan sai kaza ta gifta, hannunsa ya yi masa ƙaiƙayi, ya sakar mata harsashi. Kafin ya juya sun gama da shi, zagayen ya tafi, abokansa huɗu suna ta yi masa ihu. Don Allah ku bar kajin nan. Kun shiga ne ku kare wurin bam, ba yankan suna aka gayyace ku ba.

Na ga tsuntsaye sun tashi daga nesa. Akwai mutum a wurin ke nan?

Wannan ce tambayar da ta cancanci a zauna a kanta, kuma ba zan ba ka e ko a'a ba, domin duk wanda ya ba ka amsa ɗaya tak ya cuce ka.

Da farko ka san dabbobin gem iri biyu ne, ko da yake a ido kamarsu ɗaya. Akwai waɗanda wayarka ko kwamfutarka ce kaɗai take zana su don ƙawata wuri: tsuntsun da ke shawagi a sama, malam-buɗe-littafi, ƙudaje a kan shara, kifi a ruwa. Sabar gem ɗin, wato babbar kwamfutar da ke haɗa 'yan wasa, ba ta san da su ba. Kai kana ganin tsuntsu a hagu, abokinka da ke tsaye kusa da kai wataƙila a dama yake ganinsa, ko ma ba ya ganinsa sam. Irin waɗannan ba su ɗauke da labarin kowa, kuma wanda ya bi su yana neman maƙiyi kallon kitse yake yi wa rogo. Sai kuma waɗanda sabar ce take riƙe da su, tana aika wa kowa inda suke da abin da suke yi a lokaci guda. Waɗannan idan sun motsa, kowa ya gani, kuma galibi da dalili. Ruwa ba ya tsami banza.

Inda aka fi gina wasa a kan wannan shi ne Hunt: Showdown na kamfanin Crytek na Jamus, wanda ya fito gaba ɗaya a 2019, labarinsa kuma a fadamun Luwiziyana ta Amurka ne a ƙarshen ƙarni na 19. A can dabbobi tarkon sauti ne da gangan. Hankaki suna zaune a kan hanya, ka zo da gudu su watse sama da kuka, na nesa ya ji kuma ya hango su. Agwagi a ruwa haka. Karnuka a keji za su ɗauki haushi, kaji a akurki su ɗauki kyarkyara, dokin da ke kwance da rauni ya yi haniniya da zarar ka matso. Wanda ya taɓa bin 'yan farauta daji ya san wannan karatun: in ka ga tsuntsaye sun tashi lokaci ɗaya daga bishiya guda, wani abu ne ya ratsa ƙarƙashinta.

Amma ko a Hunt ɗin, ka bi a hankali. Tashin hankaki yana gaya maka an tayar da su, bai gaya maka wane ne ba, ko mutum nawa ne, ko ina suka nufa. Yana iya zama abokin tafiyarka ne da ya rabu da kai, shi ya sa nake ta cewa ku riƙa magana da juna. Yana iya zama gwani ne ya tayar da su da niyya ya koma gefe ya kwanta, yana jiran mai gaggawa irinka ya taho duba wurin. Sannan shirun dabbobi ba shaidar babu kowa ba ne. Mai haƙuri yana wuce hankaki a tsugunne daga ɗan nesa ba tare da sun motsa ba. Kejin karnuka da akurkin kaji kuma akwai jar fitila rataye a samansu, in aka fasa ta wuta ta cinye su, wurin ya yi tsit. Saboda haka in ka iso ka tarar da keji a ƙone, ka san an riga ka zuwa, sai dai ba ka san ko tun ɗazu ne ko yanzun nan ba.

To a gem ɗin da kai kake bugawa fa, ta yaya za ka gane wane iri ne? Gwaji. Ku shiga ku biyu, in da hali a ɗakin wasa na kanku inda ba mai damun ku. Ɗaya ya tsaya daga nesa yana kallo, ɗaya ya nufi inda tsuntsayen suke, kuna waya. In mai tafiya ya ce "sun tashi" kuma mai kallo ya gan su a daidai lokacin, a daidai wurin, to alama ce da za ka iya dogara da ita. In ɗaya ya gani ɗaya bai gani ba, ado ne. Ku maimaita sau uku ko huɗu, ku sauya matsayi, kada ku yanke hukunci da gwaji ɗaya. Ku kuma duba saitin hoto, domin wanda ya sauke nasa ƙasa don waya ta daina zafi yana iya rasa ƙananan abubuwan ado da mai babbar waya yake gani. Kuma abin da kuka gano yau ba lallai ya tsaya haka ba bayan an sabunta gem ɗin. Ga kuma matsalar sabis: in intanet ɗinka yana ja, abin da ka gani ya riga ya faru, mutumin ya ɗan gusa daga inda kake zato.

Ni dai abin da nake yi shi ne, in na ga tsuntsaye sun tashi ina juya fuskata can, in nemi mafaka, in kasa kunne. Ba na tashi da gudu in nufi wurin, ba na kuma ɓata gurneti a kansa sai na ji taku ko na ga mutum.

Da gaske akwai ƙaton kifin shak a Battlefield 4, ko haɗa bidiyon aka yi?

Da gaske ne. A taswirar Nansha Strike ta ƙarin Naval Strike na 2014, in 'yan wasa 10 suka taru a jikin wata alama da ke yawo a kan teku, kifin yana tsallowa daga ruwa ya faɗo musu. Ɓoyayyen abu ne da masu gem ɗin suka dasa. Ba zai fito maka kai kaɗai ba, ka daina ɓata data kana iyo.

Me ya sa ba a cika kowace taswira da dabbobi ba, tunda suna ƙara kyau?

Domin kowace dabbar da sabar ke riƙe da ita nauyi ce. A zamanin CS:GO, sabobin gasa na kamfanin gem ɗin suna lissafa halin da wasa ke ciki sau 64 a daƙiƙa guda. Ka ɗauki gem mai mutum 100 kamar PUBG, ka ƙara masa garken dabbobi da dole a sanar da 'yan wasa motsinsu, ka ga inda sabis ɗinka zai kwana. Ga kuma batun adalci: ba mai son ya rasa wasa saboda wani abu mai motsi ya ɗauke masa ido a lokacin da bai dace ba.

Dabbobin Free Fire ma irin waɗannan ne?

Ba ɗaya ba ne, ku daina haɗa su. Na Free Fire kai ka zaɓe su kafin wasa kuma suna da aiki: Falco yana ƙara maka saurin saukowa daga jirgi, Mr. Waggor yana samar maka da bangon kariya. Akwai kuma namun dajin da aka sa su zama haɗari ko amfani, kamar kyarketai da aladun daji da Fortnite ya kawo a Maris 2021, ko fararen beyar na taswirar Vikendi a PUBG na kwamfuta. Karen da ya nufo ka a guje a Call of Duty kuwa ba yawo yake ba, wani ne ya sako maka shi. Wannan kam harbe shi, kada ka tsaya kallo.

Na ga kaza sanye da hula.

Lokacin biki ne. Valve, kamfanin Counter-Strike, ya saba yi musu kwalliya a wasu ranaku na shekara. Zai wuce.

Kajin nan suna firgita ni ina ɓarin harsashi. Akwai fayil ɗin da zan sauke ya cire su?

Kada ka kuskura. Irin fayilolin da ake yaɗawa wai suna cire ciyawa ko dabbobi taɓa cikin gem ne, kuma a kan haka ake rufe wa mutane asusu, wani ma ya kwaso wa wayarsa cuta. Na ga wanda ya tara kaya na shekara biyu ya wayi gari babu komai, yana zaune a shago ya rasa abin cewa. Ba na son in sake ganin haka a kan kaza.

Firgitar kuwa kada ta dame ka, ƙanena. Kowane sabon ɗan wasa haka yake, idonsa bai saba rarrabe motsi ba tukuna. Sa iyafis mai kyau ka koyi bambancin kukan kaza da takun mutum. Ka shiga taswirar kai kaɗai sau biyu ko uku, ka zagaya ba tare da harbi ba, ka lura da lungunan da suka fi zama. Kuma ka riƙe bakin bindigarka a daidai tsayin kan mutum, kaza a ƙasa take, ba za ta shigo maka saiti ba.