Shin falsafar Husserl ci gaban ta Hegel ce?

An daɗe ana cewa fenomenoloji, wato nazarin yadda abubuwa ke bayyana ga hankali, daga Hegel Husserl ya gado ta; dukansu biyu masana falsafa ne na Jamus. Ba abin mamaki ba ne, tunda littafin Hegel na 1807 yana ɗauke da sunan. Sai dai wani masani mai suna Lambert ya riga Hegel amfani da sunan tun 1764.

Husserl masanin lissafi ne, kuma masanin falsafa Brentano ne malaminsa a Biyana, babban birnin Ostiriya. Ko da Husserl ya karkata ga aidiyalizim, wato ra'ayin da ke ɗaukar hankali a matsayin tushe, a 1913, masanin falsafa Kant ya fi kusanta, ba Hegel ba.

Mai son tabbatarwa ya buɗe littafin Husserl na 1900-1901 kan mandiƙi, wato ilimin ƙa'idojin tunani, ya duba da wa yake jayayya: masana falsafa Locke, Berkeley da Hume zai tarar, ba Hegel ba.

Don Allah a tura wa ɗaliban falsafa.