Me Ke Sauya Al'umma? Tambayoyi da Amsoshi Kan Ra'ayoyin Masana Zamantakewa

Kowa ya taɓa jin dattijo yana cewa duniya ta canja, abin da ake jin kunyarsa jiya yau da shi ake ado. Dattijon ya faɗi gaskiya, sai dai bai faɗi abin da ya kawo canjin ba. A kan wannan tambaya masana ilimin zamantakewa suka shafe ɗaruruwan shekaru suna muhawara, kuma har gobe bakinsu bai zo ɗaya ba.

Me ake nufi da sauyin al'umma? Duk sabon yayi ya shiga ciki?

A'a. Yayi yakan zo ya wuce, ya bar mutane yadda ya same su. Sauyin da ake nufi shi ne wanda ya taɓa ginshiƙan zama: hanyar neman abinci, tsarin aure da girman iyali, wa ke da iko a kan wa, da abin da jama'a ke gani daidai ne ko kuskure. A shekarar 1800, mazauna birane ba su kai mutum ɗaya cikin goma na mutanen duniya ba. Wajen 2007 sun kai rabi. Irin wannan ake nufi.

Wa ya fara nazarin abin a tsanake?

Littattafai da yawa sukan fara da Turawan ƙarni na 19, amma ni ina ganin wannan tauye haƙƙi ne. Ibn Khaldun ya riga su da kusan shekara 450. An haife shi a Tunis a 1332, ya rasu a Alƙahira a 1406. Yana matashi annobar da ta cinye duniya a lokacin ta ɗauke masa uwa da uba da malamansa, sannan ya yi aiki a fadoji daban-daban, ya ga hawa da saukar sarakuna da idonsa. A 1375 ya keɓe kansa a wani sansani da ke ƙasar Aljeriya ta yanzu, a can ya rubuta littafinsa Muƙaddima a 1377.

Kalmar da ya gina komai a kanta ita ce asabiyya, wato ƙarfin zumunci da haɗin kan da ke sa mutum ya sayar da ransa don ɗan'uwansa. Ya ce mutanen sahara da ƙauye, saboda wahala ta gasa su kuma ba su da kowa sai junansu, asabiyyarsu ta fi ta mutanen birni ƙarfi, don haka sukan ci birni da yaƙi su kafa daula. Daga nan sai agogo ya fara bugawa. Kakan da ya kafa mulkin ya kwana a tanti, ya ci akushi ɗaya da mayaƙansa, ya san kowa da sunansa. Ɗansa ya tashi a soro, amma ya ga uban, ya ji labarin wuya daga bakinsa. Jikan kuwa a kan shimfiɗa mai laushi ya buɗe ido, ya ɗauka mulki gado ne kamar suna. Sai ya ture 'yan'uwan da suka ɗora gidansu, ya ɗauko sojan haya, kashe kuɗi ya ƙaru, ya laƙa wa talaka haraji. Ibn Khaldun ya lura da wani abu a nan: a farkon daula haraji kaɗan ne amma baitulmali a cike, a ƙarshenta haraji ya yi yawa amma abin da ke shigowa ya ragu, domin manomi da ɗan kasuwa sun karaya. A lissafinsa daula takan yi kimanin shekara 120, arba'in sau uku, kafin wasu masu sabon jini su taso daga gefe su karɓe.

Wannan shi ake kira ra'in zagayowa, tarihi kamar juyin masa yake. A ƙarni na 20 Oswald Spengler na Jamus da Arnold Toynbee na Ingila sun bi sawun irin wannan tunani game da tashi da faɗuwar wayewa. Rauninsa shi ne ya fi bayyana dalilin faɗuwar gidan sarauta, bai cika bayyana yadda ake samun abin da bai taɓa faruwa ba, kamar injin.

To ina masu cewa al'umma gaba take yi kullum?

Su ne masu ra'in tsani. Auguste Comte, Bafaranshen da ya raɗa wa fannin suna soshiyoloji wajen 1838, ya ce tunanin ɗan Adam yakan bi matakai uku: na fassara komai da addini, na falsafa, sannan na kimiyya. Herbert Spencer na Ingila ya kwatanta al'umma da halitta mai rai, wadda ke farawa a dunƙule sannan gaɓoɓinta su rarrabu, kowace da aikinta.

A nan nake da babban ƙorafi. Duk wanda ya zana tsani, a saman tsanin yake ajiye mutanensa. Masu wannan ra'i sun jera al'ummomin duniya daga "marasa wayewa" zuwa Turai, kuma 'yan mulkin mallaka sun sami hujjar da suke nema: wai sun zo ɗaga na ƙasa ne. Masana sun daɗe da yin watsi da wannan jeri, amma har yanzu yana nan a bakin mutane, duk lokacin da aka ce wata al'umma "tana baya" ba tare da an tambaya bayan wa, kuma a kan wace hanya ba.

Idan komai na canjawa, me ke hana jama'a watsewa?

Tambayar Emile Durkheim ke nan, a 1893. Ya ce a ƙaramar al'umma kamanni ne ke ɗaure mutane: sana'a ɗaya, aƙida ɗaya. A babban birni kuwa bambanci ne ke ɗaure su, domin likita na buƙatar makanike, makanike na buƙatar manomi, ba wanda ya isa shi kaɗai. Haɗarin yana tsakiya, lokacin da tsohuwar ƙa'ida ta saki mutane, sabuwa ba ta kama su ba tukuna. A irin wannan hali mutum yakan rasa ma'aunin da zai auna rayuwarsa. Daga baya Talcott Parsons a Amurka ya faɗaɗa wannan, ya ce al'umma takan gyara zama a hankali har ta dawo daidai. An soke shi da cewa ya mayar da rikici kamar ciwo, alhali wani lokaci rikicin ne ke kawo gyara.

Wannan ne ya kai mu ga Karl Marx?

Shi ne. Marx, wanda ya rayu daga 1818 zuwa 1883, ya ce a bar kallon abin da mutane ke faɗa, a dubi wa ya mallaki gona, wa ya mallaki injin, wa kuma ba shi da komai sai ƙarfinsa. Tsakanin waɗannan ɓangarori akwai ja-in-ja da ba ta ƙarewa, kuma ita ce ke tura tarihi.

A dubi birnin Manchester a farkon ƙarni na 19. Kafin masana'anta, masaƙi a ɗakinsa yake aiki, matarsa na kaɗi, yara na miƙo zare, ya tsaya lokacin da ya ga dama. Da injin ya zo, yadin masana'anta ya karya farashi, sana'ar gida ta mutu. Mutumin nan ya tattara iyalinsa ya koma birni. Yanzu ƙararrawa ce ke tashinsa da duku-duku, in ya makara a yanke masa lada, ɗansa ƙarami yana rarrafe ƙarƙashin injin yana tsintar auduga. Sai a 1819 dokar Ingila ta hana ɗaukar yaron da bai kai shekara 9 ba a masaƙun auduga. Abin da Marx ya hango shi ne, mai masana'antar da ya tara dubban irin wannan mutum a rufi ɗaya, da hannunsa ya haɗa kan waɗanda za su yi masa bore.

Bayaninsa na yadda tattalin arziki ke juya iyali da doka da siyasa yana da ƙarfi ƙwarai. Hasashensa ne bai cika yadda ya zata ba. Ya sa ran juyin juya hali a ƙasashen da masana'antu suka bunƙasa, sai ga shi ya auku a Rasha a 1917 da Sin a 1949, inda manoma suka fi yawa. A Ingila da Jamus kuwa ƙungiyoyin ƙwadago sun ƙwato ƙarin albashi, ragin sa'o'in aiki da 'yancin zaɓe, jari-hujja ya yi gyaran fuska ya ci gaba da rayuwa.

Ke nan aƙida da tunani ba su da tasiri, ciki ne kawai?

Max Weber bai yarda ba. A rubutunsa na 1904 zuwa 1905 ya nuna yadda wasu Kiristoci mabiya John Calvin, malamin ɗarikar Furotesta na ƙarni na 16, waɗanda suka yi imani an riga an rubuta wanda zai tsira, suka riƙa neman alamar tsira a cikin aiki tuƙuru da tsimi. Mutum ya samu riba, aƙidarsa ta hana shi shagali da ita, sai ya mayar da ita cikin sana'a. Weber ya ce wannan ɗabi'a ta taimaka wa jari-hujjar zamani. An yi masa raddi cewa biranen Italiya irin su Venice da Florence, na 'yan Katolika, sun ƙware a banki da fatauci tun kafin Calvin. Raddin yana da nauyi. Duk da haka ya bar mana abin da ba ya musuntuwa: mutum biyu za su iya samun dama iri ɗaya, abin da suka yi imani da shi ya sa kowa ya yi abu daban da ita.

Fasaha fa?

William Ogburn, Ba'amurke, ya ce a 1922 kayan aiki sun fi doka da ɗabi'a sauri. A 1865 Ingila ta yi dokar da ta tilasta mutum ya riƙa tafiya a ƙasa da jar tuta a gaban duk abin hawa mai injin da ke bin titi, kuma ba a sassauta ta sosai ba sai 1896. Yau ma haka ne: waya mai intanet ta shiga hannun yaro tun kafin iyaye da makaranta su yanke shawarar yadda za a yi da ita.

Me ya sa wasu ƙasashe suka yi arziki, wasu suka tsaya?

A 1960 Walt Rostow ya ce kowace ƙasa za ta bi matakai biyar har ta tashi kamar jirgin sama, ta kai inda Amurka take. Tsohon tsanin nan ne aka sake masa fenti. Andre Gunder Frank a 1966, da Walter Rodney ɗan ƙasar Guyana a 1972, suka ce sam: talaucin wasu da arzikin wasu igiya ɗaya ce ta ɗaure su, domin cinikin bayi da mulkin mallaka sun mayar da wasu ƙasashe masu fitar da ɗanyen kaya da arha, su sayo sarrafaffe da tsada. Immanuel Wallerstein a 1974 ya raba duniya zuwa cibiya (ƙasashe masu masana'antu), gefe (masu fitar da ɗanyen kaya), da masu tsaka-tsaki.

Na fi karkata ga waɗannan na biyu, domin sun sa tarihi cikin lissafi. Amma Koriya ta Kudu ta ba kowane ɓangare ciwon kai. Bayan yaƙin da ya tsaya a 1953 tana cikin matalautan ƙasashen duniya, kafin ƙarshen ƙarnin ta shiga sahun masu masana'antu. Ba ta yanke hulɗa da kasuwar duniya ba, kuma ba ta sakar wa kasuwa linzami ba. An raba wa manoma filaye, aka zuba jari a ilimi, gwamnati ta zaɓi masana'antun da za ta goya wa baya ta matsa musu su sayar a waje.

Waɗannan ra'ayoyi za su iya faɗa mana abin da zai faru gobe?

Abin da ke tafiya a hankali, kamar raguwar haihuwa idan mata sun yi karatu kuma mutuwar jarirai ta ragu, ana iya hango shi da nisa. Fashewar farat ɗaya ita ce mai wuya. Masana ƙalilan ne suka hango faɗuwar katangar Berlin a 1989, wadda ta raba birnin tsakanin ɓangaren Gabas na 'yan gurguzu da na Yamma. Timur Kuran, masanin tattalin arziki, ya ba da dalili: a ƙarƙashin mulkin danniya mutane sukan ɓoye abin da ke ransu, kowa ya zaci shi kaɗai ne ya gaji, har masu mulkin su ma su ruɗu. Rashin aikin yi da cin zarafi sun daɗe suna taruwa a Tunisiya, kuma da yawa sun san da su. A Disamban 2010 wani matashi mai tallar kayan marmari a garin Sidi Bouzid, Mohamed Bouazizi, ya cinna wa kansa wuta bayan jami'ai sun ƙwace masa kaya. Mutane suka fito, kowa ya ga ashe maƙwabcinsa ma ya gaji. Ranar 14 ga Janairun 2011 Shugaba Ben Ali, wanda ya shekara 23 a kan mulki, ya hau jirgi ya bar ƙasar.