Hasashen Sapir da Whorf

Hasashen Sapir da Whorf ra'ayi ne a kimiyyar harshe da ke cewa harshen da mutum ya tashi da shi yana tasiri a kan yadda yake tunani, da abin da idonsa ke saurin kamawa, da abin da yake riƙewa a kai. Tambayar da ta haife shi mai sauƙin faɗa ce, amma masana sun fi shekara ɗari suna ja-in-ja a kanta: shin Bahaushe da Baturke da Bajamushe duniya ɗaya suke gani, sunaye ne kawai suka bambanta, ko kuwa kowane harshe da irin yankan da yake yi wa duniyar? Batun ya haɗa masu nazarin harshe da masu nazarin al'ada da masu nazarin halayyar ɗan Adam.

Asali

Tun a ƙarni na 19 masanin Jamus Wilhelm von Humboldt (1767–1835) ya ce kowane harshe yana ɗauke da nasa kallon duniya. Wanda ya kai wannan tunani Amurka shi ne Franz Boas (1858–1942) na Jami'ar Columbia, wanda ya dage cewa a nazarci harsunan 'yan asalin ƙasar bisa tsarinsu, a daina auna su da ma'aunin Latin. Ɗalibinsa Edward Sapir (1884–1939) ya ɗora a kai. Shi kuma Sapir, da ya koma Jami'ar Yale a 1931, sai ya sami wani ɗalibi da ba a saba ganin irinsa ba.

Benjamin Lee Whorf (1897–1941) injiniyan sinadarai ne, kuma har ya rasu bai bar aikinsa na binciken musabbabin gobara a wani kamfanin inshora da ke Hartford ba. Nazarin harshe a lokacin hutunsa yake yi. Daga wurin aikin ne ma ya samo misalinsa da ya fi shahara. Ya lura cewa leburori suna kaffa-kaffa a kusa da duro cike da fetur, amma da zarar an ce duron fanko ne sai su saki jiki, su kunna sigari, su yar da guntun a nan. Alhali fankon ya fi haɗari, domin tururin fetur ne cike da shi, ƙyastu ɗaya ya ishe shi. A ganin Whorf, kalmar "fanko" ce ta kwantar musu da hankali. Masu suka, irin su Eric Lenneberg a 1953, sun ce rashin sanin halin fetur ne ya jawo, ba kalma ba, kuma wannan sukar tana da nauyi.

Abin lura shi ne Sapir da Whorf ba su taɓa zama sun rubuta wani hasashe tare ba. Bayan rasuwarsu ne wani ɗalibin Sapir, Harry Hoijer, ya laƙaba sunan a 1954, aka kuma tattara rubuce-rubucen Whorf aka buga a 1956. Waɗanda suka biyo baya ne suka raba ra'ayin gida biyu: mai tsauri, wanda ke cewa harshe yana ɗaure tunani har mutum ba zai iya fahimtar abin da harshensa bai da kalmarsa ba, da mai sassauci, wanda ke cewa harshe yana karkatar da hankali ne kawai.

Faɗuwar mai tsauri

Whorf ya yi iƙirarin cewa harshen Hopi na jihar Arizona ba ya ɗaukar lokaci a matsayin abin da ke gudana ana ƙirga shi, yadda harsunan Turai ke yi. Yawancin bayanansa daga bakin mutum ɗaya ya same su, wani ɗan Hopi mazaunin birnin New York. A 1983 Ekkehart Malotki ya fitar da littafi mai shafi fiye da 600 cike da jimlolin Hopi masu maganar jiya da gobe da ƙirgen kwanaki. Haka labarin nan na cewa mutanen Inuit, mazauna yankin sanyi na can arewacin duniya, suna da kalmomi barkatai na ƙanƙara: huɗu Boas ya ambata a 1911, sai adadin ya yi ta kumbura daga baki zuwa baki har ya kai ɗaruruwa a jaridu, kafin Laura Martin ta bi diddiginsa a 1986. A 1969 kuma Brent Berlin da Paul Kay suka nuna cewa harsuna ba da ka suke raba launuka ba, akwai jeri: fari da baƙi tukuna, sannan ja, sannan sauran. Zamanin ma na masanin harshe Noam Chomsky ne, hankali ya koma kan abin da harsuna suka yi tarayya a kai. Ra'ayi mai tsauri bai sake tashi ba, kuma faɗuwarsa daidai ce. Da gaskiya ne, da babu mai iya fassara, da babu yaron da zai koyi sabon abu a makaranta.

Abin da harshe ke tilastawa

Ƙofar da ta rage ita ce wadda Roman Jakobson ya nuna a 1959, yana bin sawun Boas: kowane harshe yana iya faɗin komai, bambancin yana wajen abin da dole ne a faɗa. Hausa ta isa misali. Ba za ka ce wa mutum ya zo ba sai ka tantance namiji ne ko mace, "ka zo" ko "kin zo", alhali kalma ɗaya Turanci ke amfani da ita ga duka biyun. "Ya fita" da "ya fito" ba ɗaya ba ne, haka "ya saya" da "ya sayo": wasalin ƙarshe yana gaya maka inda mai magana yake tsaye. A Turkanci kuwa, aikatau na abin da ya wuce dole ya nuna ko mai magana ganau ne ko jiyau. Bahaushe yana da "wai", amma in ya ga dama ya sa, in ya ga dama ya bari. Dan Slobin ya kira wannan tunani domin magana: wanda harshensa ke tambayarsa abu ɗaya sau ɗari a yini, dole ya saba lura da shi.

An gwada wannan da launi. Rashanci yana da kalma ɗaya ta shuɗi mai haske, wata ta shuɗi mai duhu. Wani gwaji da aka buga a 2007 ya nuna masu Rashanci sun fi saurin bambance shuɗi biyu idan kowanne ya faɗa ƙarƙashin kalma daban. Ratar ba ta kai daƙiƙa ɗaya ba, kuma ta ɓace da aka sa su maimaita lambobi a zuci yayin gwajin.

Gabas da yamma

Hujjar da ta fi ƙarfi daga maganar wuri ta fito. Mutanen Guugu Yimithirr na Hopevale, a arewacin Queensland ta Ostireliya, ba sa kwatance da dama da hagu. Ko cokali ne a gabanka, cewa za a yi yana gabas da kwanon, ko ka matsa arewa kaɗan a zauna. Wannan ba zai yi wa Bahaushe baƙo sosai ba, tunda a karkara har yau za a ce maka ka yi kudu, gidan ƙofarsa na kallon yamma. Sai dai mu muna da dama da hagu a gefe, su kuwa wannan ce hanyarsu, ko a cikin ɗaki, ko a cikin labarin abin da ya wuce. An ɗauki wani dattijonsu a bidiyo sau biyu, shekara biyu tsakani, yana ba da labarin kifewar kwalekwalensa a teku. A kowane zama wata fuska daban yake kallo, amma hannunsa ya nuna juyawar kwalekwalen zuwa nahiya ɗaya, ainihin wadda ya kife.

Stephen Levinson da Penelope Brown, na cibiyar Max Planck da ke Nijmegen a Holan, sun yi gwaji da masu harshen Tzeltal na Tenejapa a kudancin Meziko, waɗanda ke kwatance da hawa da gangara na tudun ƙasarsu. Za a jera dabbobin roba uku a kan tebur, mutum ya kalla, sai a juya shi ya ba teburin baya, a ce ya sake jera su yadda ya gani a wani teburin. 'Yan Holan sun bi hannunsu: abin da ke kallon hagu ya ci gaba da kallon hagu. Yawancin mutanen Tenejapa sun bi ƙasa: abin da ke kallon gangara ya ci gaba da kallon gangara. Babu magana a cikin gwajin, riƙewa ce kawai a kai.

Peggy Li da Lila Gleitman sun ƙalubalanci, a 2002, cewa harshe ne ya jawo wannan bambancin, suka nuna cewa masu Turanci ma sukan jera ta hanyar ƙasa idan akwai alama a fili da za su dogara da ita. Raba tasirin harshe da na muhalli da na tarbiyya aiki ne mai wuya, domin tare yaro ke shan su. Wata wahalar kuma ita ce harsunan da aka dogara da su suna ƙanƙancewa. Masu magana da Guugu Yimithirr ba su kai dubu ɗaya ba a yau, kuma yawancin yaran Hopevale Turanci ya fi zama a bakinsu, da damansa da hagunsa.