Masaƙan dare: amsar tambayoyin da kuka dame ni da su

Tun da na fara sakin labarin nan na masaƙan dare babi-babi, masu saƙa lokaci da shiga mafarkin mutane, salulata ba ta huta ba, a fada ma shayin fari bai sauka ba an fara "to wai su wa ye". Bari in amsa gaba ɗaya in huta.

Wai da gaske akwai su a nan Tawa?

Babu su wallahi. Ni na ƙaga su a kan tabarma wani dare da kuran ya ɗauke zafi ya hana ni barci. Wata baba a unguwarmu har jikanta ta aiko wai a tambaye ni ko su ne suka sa ta manta inda ta ajiye kuɗin adashi, na ce ka gaida Baba ka ce ta ɗaga katifa. Ba 'yan bori ba ne, ba matsafa ba ne, labari ne kawai.

To a cikin labarin mi suke yi takamaimai?

Sana'a ce irin ta masaƙa, ana gadonta, sai dai zarensu lokaci ne. Suna bin fadoji suna tsintar awannin da samari suka zubar wajen belot da gardamar ƙwallo, su kaɗa su a mazari, su kai ma tsohon da ke kan gargara don ɗansa da ke Abijan ya iso su gana. Dokarsu guda ce, ba a ƙirƙirar awa, duk wadda aka ba wani to daga wani aka zare ta, shi ya sa Isufu ɗan kabu-kabu ya kwanta ran Talata ya tashi ran Alhamis mutane na ce mai ai jiya ma ka ɗauke mu. Tunanin da suka cire daga kan mutum kuma a tulu suke zubawa su liƙe bakin da laka. Mafarki shi ne ƙofar da suke shiga, don mutum a farke ba ya sakin abin da ya riƙe.

Ina ka samo wannan dabarar?

Daga takardar haihuwar babana. An rubuta "né vers" sannan shekara, wato an haife shi wajajen shekara kaza, kamar dubban iyayenmu. In ka tambayi tsoho shekarunsa ba zai ba ka lamba ba, sai ya ce ai shekarar da Kunce ya kifar da Diori ina kiwon awaki, kai ne za ka lissafa 1974. Wata ta ce ɗanta na fari a goye yake lokacin yunwar El Buhari, 1984 ke nan, kakanninsu kuma da yunwar Kakalaba ta wajajen 1914 suke awo. Kawuna biyu sun shekara suna musu kan wa ya girmi wa, hujjar ɗayan ita ce wai shi ya ga kokowar takobi ta farko, gasar ƙasa gaba ɗaya, da aka yi a nan Tawa a 1975 da idonsa a kan kafaɗar babansu, ɗayan ya ce ƙarya ne ni aka ɗauka, kai kana gida kana ƙyanda. Ranar na ce ashe kalandarmu a kan tsofaffi take, wanda ya taɓa abin da suke tunawa ya taɓa shekarun gari duka, ba sai ya je kusa da agogo ba.

Malam wannan bai taɓa addini ba?

Wani dattijo ya tare ni bayan la'asar da wannan, kuma na ji daɗi da ya yi. Na ce Allah gafarta Malam, hadisi ya kasa mafarki uku: na gari daga Allah, na tsoratarwa daga Shaiɗan, da zancen zuci, abin da ka yini kana saƙawa. Mutanena na ukun kaɗai suke iya shiga, irin mafarkin Annabi Yusuf ko kusa ba sa zuwa. Kuma ba su ƙara ma kowa kwana kan ajalinsa, har tsohon can ashe awanninsa ne da suka sace tun yana saurayi suka maido mai. Mutum ya farka ya rasa lissafi kuwa ai mun sani tun a allo, Ashabul Kahfi sun yi shekara 309 suka tashi suna cewa yini guda ne ko wani yanki na yini.

A zahiri ana iya dasa ma mutum tunanin ƙarya?

Ana iyawa, abin tsoron ke nan. A 1995 wata masaniya a Amurka, Elizabeth Loftus, ta gwada mutum 24, aka ba su labarin wai sun taɓa ɓata a babban kanti suna yara alhali ba a yi ba, kusan ɗaya cikin huɗu suka ce sun tuna. Ba tulu ba mazari, maimaitawa kawai da sunan wani ɗan uwa ne ya faɗa. Shi kuma dannau da kuke ta cewa su ne, a'a, akwai matakin barci da ido ke ta motsi, a 1953 aka gano shi a Chicago, a nan aka fi mafarki kuma jiki a sake yake kamar an ɗaure, in hankalinka ya riga jikinka farkawa sai ka ji an danne ka.

Miyagu ne ko na kirki?

Su dai a ganinsu tausayi suke. A babi na gaba za su wanke ma wani ƙauye tunanin yunwa don mata su daina kuka da dare, damina ta yi kyau sai mutanen suka sayar da geron kaf, ba wanda ya tuna dalilin da ya sa ake barin rumbun tsimi.

Yaushe za ka saki babin?

In kuran ya bar ni na cika batir, Juma'a bayan isha'i. Wanda ya ce in kashe Isufu kuma ya yi haƙuri, akwai bashin kwana biyu da yake bin su.